Dabaibayin Duniya: tambayoyi da amsoshi kan dokokin da muka ƙaga don kada labari ya ci kansa

Duk ranar Asabar bayan la'asar, idan zafin Garwa ta arewacin Kamaru ya ɗan sassauta, mukan shimfiɗa tabarma a gindin darbejiyar ƙofar gidana a unguwar Yelwa, a ɗora shayi, ɗalibaina na lise (makarantar sakandare), na da da na yanzu, su zo da labaran da suka rubuta. Yawanci labaran ƙirƙira ne: mai komawa zamanin kakanninsa, madubi mai faɗin gobe, kada mai magana. Da labaran suka taru sai muka ga cuta ɗaya tana bin su. Marubuci ya tufka igiya a shafi na uku, ya warware ta a shafi na tara, bai ma sani ba. Don maganin haka muka zauna muka ƙaga wa duniyar labaranmu dokoki, muka raɗa musu suna Dabaibayi. Tun da labaran suka fara yawo a wayoyin jama'a tambayoyi ke zuwa mana daga Marwa, Ngaundare, Kusiri, har Njamena. Ga waɗanda aka fi yi.

Mene ne Dabaibayi?

Tsarin dokokin hankali ne da muka ƙaddara cewa yana ɗaure da duniyar labaranmu, yana hana tufka da warwara shiga cikinta. A wannan duniya komai na mamaki yana iya faruwa, in ban da abu guda: abin da kasancewarsa za ta kore kasancewarsa. Ƙirƙira ce tamu. Babu wani littafin kimiyya ko na addini da za ka buɗe ka tarar da shi da wannan suna. Amma igiyoyin da muka tufka shi da su ba namu ba ne, na malaman manɗiƙi (ilimin ƙa'idodin tunani da kafa hujja) ne da masana lissafi, kuma zan ambace su inda ya kamata.

Me ya sa kuka zaɓi wannan suna?

Wanda ya taɓa kiwo ya sani. Jakin da aka yi wa dabaibayi ba ɗaure shi aka yi a turke ba. Yana tafiya, yana cin ciyawar da ya ga dama, ya juya gabas ko yamma. Abin da ba zai iya ba shi ne ƙafa ɗaya ta yi Pitowa ɗaya ta yi Ngong. Da farko wani yaro ya ce mu kira shi Shinge, na ƙi, domin shinge yana cewa "nan ne iyakarka", mu kuwa ba iyaka muke son sa wa tunanin kowa ba. Ƙafafun labari kawai muke so su tafi tare.

Malam, wannan bai taɓa tauhidi ba? Kamar kuna cewa akwai dokar da ke sama da ikon Allah.

Wannan ita ce tambayar da na fi ɗauka da nauyi, kuma mahaifin wani ɗalibina ne ya fara yi mini ita, a tsaye, kafin ya yarda ɗansa ya ci gaba da zuwa. Ya yi daidai da ya tambaya.

Duk wanda ya yi karatun zaure a ƙasar nan ya wuce ta kan ƙaramin littafin tauhidi na Shehu Sanusi, mutumin Tilimsan, wanda ya rasu a 1490. Ummul Barahina ake ce masa, kuma malamanmu Fulani sun daɗe suna warware shi da Fulatanci. Da me ya buɗe? Da cewa hukuncin hankali kashi uku ne: wajibi, mustahili, da ja'izi. Wajibi shi ne abin da hankali ba ya iya sawwala rashinsa. Mustahili shi ne wanda hankali ba ya iya sawwala samuwarsa. Ja'izi kuwa, samuwarsa da rashinsa duk suna yiwuwa. Malaman wannan tafarki sun ce ikon Allah yana rataya ne da ja'izi. Ba gazawa ba ce a ce bai rataya da mustahili ba, domin mustahili ba wani abu ba ne da ke ajiye a gefe yana jiran a halitta shi. Kalmomi ne aka jera suka rushe juna, kamar a ce "ɗan da ya girmi uwar da ta haife shi".

Sai kuma bambancin da ya fi amfane mu, tsakanin hukuncin hankali da hukuncin al'ada. Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya buga misali da wuta da auduga, misalin da kowane ɗan Garwa zai gane tunda a cikin auduga muka tashi. Ya ce ganin da muke yi auduga tana ƙonewa duk lokacin da wuta ta taɓa ta bai sa ƙunar ta zama dole a hankalce ba. Al'ada ce da Allah ya gudanar, kuma yana iya yanke ta. Wuta ta zama sanyi da aminci ga Annabi Ibrahim, alaihis salam. An keta al'ada, ba a keta hankali ba. Abin da Gazalin da kansa ya kira mustahili shi ne a tabbatar da abu a kuma kore shi a tare.

To Dabaibayinmu a nan ya tsaya. Ba mahalicci ba ne a cikin labarin, ba ya so, ba ya ƙi, ba a roƙonsa. Suna ne kawai muka ba iyakar da ke tsakanin ja'izi da mustahili, don yara su riƙa tunawa da ita suna rubutu. Da na ga yana neman zama abin bauta a labarin wani, da ni zan fara yaga shafin.

Ƙulli nawa ne a jikinsa?

Biyar muke lissafawa, kodayake na farkon ne uwa, yawancin sauran 'ya'yanta ne.

Na farko: abu ba ya kasancewa kuma ya rasa kasancewa a lokaci guda, ta fuska guda. Aristo ya tsara wannan fiye da shekara 2300 da suka wuce. Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya ce mai musun wannan ƙa'ida da gangan maganinsa a kusanta shi da wuta a kuma doke shi, har ya yarda cewa ƙuna da rashin ƙuna ba ɗaya ba ne. A kula da "ta fuska guda". Kogin Binuwai babba ne in ka gwada shi da Mayo Kaliyawo na Marwa, ƙarami ne in ka gwada shi da teku. Babu saɓani a nan.

Na biyu: abin da ya riga ya faru ya faru, ko da an koma baya. Na uku: magana ba ta zama alƙalin kanta. Na huɗu: kowane abu yana da mafari a wajen kansa. Na biyar ya shafi yadda Dabaibayi ke aiki ne: ba ya tsawa, ba ya girgiza ƙasa, yana bi ta hanya mafi sauƙi da ke akwai. Kowanne zai fito a tambayoyin da ke gaba.

Saɓani guda ɗaya tak, me zai ɓata? Ai rayuwa cike take da shi.

Abin da rayuwa ke cike da shi saɓanin ra'ayi ne da rikicin zuciya: kana son mutum kana jin haushinsa. Wannan ba shi muke nufi ba. Wanda muke tsoro shi ne magana ta zama gaskiya, korewarta ma ta zama gaskiya. Bari in nuna maka abin da guda ɗaya ke yi.

A ce an yarda da biyu: "yau Juma'a ce" da "yau ba Juma'a ba ce". Tunda ta farko gaskiya ce, to wannan ma gaskiya ce: "ko dai yau Juma'a ce, ko kuma madara ce ke gudu a Binuwai", domin maganar "ko dai" ɓangare ɗaya ya ishe ta. Yanzu ɗauko ta biyu: yau ba Juma'a ba ce. Ɓangaren farko ya faɗi. Me ya rage? Madara ce ke gudu a Binuwai. Cire madara ka sa duk abin da ka ga dama, hujjar za ta tafi yadda ta tafi. Ɓaraka guda ta isa ta sa kowace magana ta zama tabbatacciya, kuma inda komai gaskiya ne babu sauran labari, domin jarumi ya mutu kuma bai mutu ba, ya auri yarinyar kuma bai aure ta ba, mai karatu ba shi da dalilin juya shafi.

Adalci ne in faɗa cewa akwai masana da suka gina manɗiƙin da saɓani ba ya bazuwa a cikinsa haka. Wani masani ɗan Barazil mai suna Newton da Costa ya yi wannan aiki a 1963, Graham Priest kuma ya tafi har ga cewa wasu saɓanan gaskiya ne. Ina girmama aikinsu, yana da amfani wajen kwamfutar da ke karɓar bayanai masu karo da juna. Amma bayanai ne ke karo, ba duniya ba. Shaidu biyu suna iya saɓawa kan wanda ya saci akuya; akuyar dai mutum ɗaya ya kwance ta, ko su biyu, ko ita ta tsinke.

Yaya Dabaibayi ke gyara saɓani idan ya auku?

Ba ya gyarawa, domin ba ya aukuwa. Nan ne sababbin zuwa suka fi tuntuɓe. Suna zaton wani ɗan doka ne da ke zuwa bayan an yi ɓarna.

Ɗauki wanzamin wani ƙauye da aka ce yana yi wa duk namijin da ba ya aske kansa aski, kuma su kaɗai yake yi wa. Wa ke aske wanzamin? In ya aske kansa, ya shiga cikin waɗanda bai kamata ya aske ba. In bai aske ba, ya shiga cikin waɗanda dole ya aske. Yara kan yi ta juya wannan har shayi ya huce. Amsar ita ce babu irin wannan wanzami, ba a taɓa haifarsa ba, ba za a haife shi ba. Siffar ce ta ci kanta.

Wannan wasa yana da tarihi mai nauyi. Bertrand Russell na Ingila ya gano irinsa a cikin lissafin rukunai a 1901: rukunin duk rukunan da ba sa ƙunshe da kansu, yana ƙunshe da kansa ko a'a? A watan Yuni na 1902 ya rubuta wa Gottlob Frege na Jamus, wanda a lokacin juzu'i na biyu na babban aikinsa kan tushen lissafi yake wajen masu ɗab'i. Frege bai ɓoye ba, ya ƙara bayani a ƙarshen littafin yana amsa cewa ginshiƙinsa ya girgiza. Ina gaya wa ɗalibai wannan kowace shekara, saboda halin mutumin ya fi lissafin burge ni. A 1908 Ernst Zermelo ya kawo ƙa'idodin da suka hana a ƙera irin wannan rukuni tun farko. Aikin Dabaibayi ke nan: hana haihuwa.

To mai komawa baya ya hana kakansa auren kakarsa fa?

Ƙulli na biyu da na biyar ke amsa wannan. Wani ɗalibina ya rubuta labarin saurayin da ya koma zamanin da kakansa, ɗan fatake daga Kano, ya iso bakin Binuwai zai haye zuwa Garwa. Saurayin ya san a Garwa kakan zai yi asarar dukiyarsa duka, don haka ya tare shi yana roƙonsa ya juya. Suka yi ta ja-in-ja har kwalekwalen farko ya tashi. Kakan ya fizge hannunsa ya shiga na biyu, a cikinsa kuwa akwai wata budurwa mai tallar nono. Ita ce kakar.

Lura da cewa babu wanda ya riƙe hannun saurayin, babu tsawa daga sama. Zuwansa baya yana cikin abin da ya faru tun asali. Ba a taɓa yin wata ranar da babu shi a bakin kogin ba. Kuskuren da ake yi shi ne a ɗauka ranar ta faru sau biyu, ta farko babu shi, ta biyu da shi. Sau ɗaya ta faru.

Ƙulli na biyar kuwa gargaɗi ne ga marubuci. In bindigar jaruminka ta ƙi tashi sau bakwai a jere don kawai kakan ya rayu, ka wahalar da Dabaibayi, mai karatu zai ga hannunka. Nemo dalili daga halin mutanen: taurin kan kaka, tausayin jika, jinkirin mai tuƙi.

Masana kimiyya sun yarda da wani abu mai kama da haka?

Sun yi magana a kai da gaske, amma a rarrabe tsakanin abin da aka auna da abin da ake hasashe. Wanda aka auna shi ne lokaci ba ya tafiya daidai ga kowa. Agogon taurarin ɗan'adam na GPS, waɗanda wayarka ke dogaro da su, yana wuce na ƙasa da kusan kashi 38 cikin miliyan na sakan a kowace rana, kuma sai an gyara wannan lissafin kafin taswira ta nuna maka daidai.

Komawa baya kuwa ba a taɓa gani ba. Abin da ya faru shi ne a 1949 Kurt Gödel ya nuna cewa lissafin Einstein yana karɓar wata irin duniya mai juyawa, inda hanyar lokaci ke iya zagayowa ta dawo inda ta fito. Daga nan tambayar kaka ta zama ta masana. Igor Novikov na Rasha ya kawo ƙa'ida a shekarun 1980 cewa in har irin wannan hanya tana nan, abubuwan da suka dace da kansu ne kaɗai za su iya faruwa a kanta. An gwada ta a takarda da ƙwallon sunuka wadda za ta shiga rami ta fito a baya ta bugi kanta don ta hana kanta shiga. A 1991 Kip Thorne da ɗalibansa biyu suka nuna cewa akwai mafita: ƙwallon ta fito ta gogi kanta kaɗan, gugar ta karkatar da ita daidai yadda za ta fito ta yi wannan gugar. Stephen Hawking kuma a 1992 ya yi hasashen cewa dokokin halitta ma ba za su bari a buɗe irin wannan hanya ba. Ƙullinmu na biyu daga Novikov muka aro shi, ba ma ɓoyewa.

Ke nan mutum ba shi da zaɓi a duniyarku?

Yana da shi. Saurayin can ya zaɓi ya roƙi kakansa, kakan ya zaɓi ya ƙi. Sanin da kake da shi cewa jiya ka ci tuwon dawa bai tilasta maka cin sa jiya ba. Ka sani ne saboda ka ci. Mai komawa baya ya san ƙarshen zance, amma sanin yana bin abin da mutane suka zaɓa ne. Abin da ba shi da iko a kai guda ne: ya sa abin da ya faru ya zama bai faru ba. Wannan kuwa ba mu da shi mu ma, a nan gindin darbejiya.

Baba, dokar nan ba ta da tausayi. Me ya sa ko a labari ba za a bar mutum ya ceto nasa ba?

Wata yarinya ce ta yi mini wannan, wadda ta rasa mahaifiyarta a ambaliyar 2012 tana ƙarama. Ta rubuta labarin da ta koma daren ta tashi uwar kafin ruwa ya iso, sai wani yaro ya ce ai ƙulli na biyu ya hana. Ta ninke takardarta ta yi shiru. Na kwana ina tunanin abin.

Ga abin da na gaya mata mako na gaba, kuma shi zan gaya wa duk mai irin ciwonta. 'Yata, Dabaibayi namu ne, mu muka tufka shi, ba ya hawa kan alƙalaminki sai kin so. Kina iya rubuta duniyar da ta rabu biyu a daren nan, reshe ɗaya uwa ta tsira, kuma babu saɓani a ciki muddin kin faɗa cewa rassa biyu ne. Amma in kin zaɓi ki zauna a cikin dokar, dubi abin da ta bar miki. Ba ta hana ki komawa ba. Ba ta hana ki zama kusa da ita ba, ki ji muryarta, ki tambaye ta abin da ba ki samu tambaya ba.

Ta zaɓi na biyun. A labarinta, baƙuwar da dangi suka daɗe suna cewa ita ta ɗauke ta tana jaririya ta ɗora ta a kan rufin makwabta a daren, wadda ba a sake ganinta ba, ita ce da kanta. Da ta gama karantawa babu wanda ya iya cewa komai, sai mai haɗa shayi ya tashi ya zagaya bayan gida. Ban taɓa jin labarin da ya kai shi ba a zaman nan, kuma ina ganin ƙuncin dokar ne ya matso shi.

Wanda ya ce "ƙarya nake yi yanzu", gaskiya ya faɗa ko ƙarya?

In gaskiya ya faɗa, ƙarya yake. In ƙarya yake, ya faɗi gaskiya. Girkawa sun san wannan tun ƙarni na 4 kafin haihuwar Annabi Isa, ana jingina shi ga Yubulidis. Malaman Musulunci ma sun sha fama da shi. Taftazani, wanda ya rasu a 1390, ya kira shi "aljazrul asammu". A 1933 Alfred Tarski na Folan ya nuna hanyar da muka bi: magana hawa-hawa ce. Akwai maganar da ke kan abubuwa, kamar "gero ya yi tsada". Akwai ta sama da ita wadda ke cewa "wancan zance gaskiya ne". Kowane hawa yana hukunta na ƙasa da shi, ba ya hukunta kansa, kamar yadda ba a sa mai ƙara ya zama alƙali a shari'arsa. Ƙulli na uku ke nan. A duniyarmu mutum yana iya furta kalmomin, iska ta ɗauka, amma ba su zama zancen da ake aunawa da gaskiya ko ƙarya ba.

Ɗan'uwan wannan shi ne tsohon wasan kada. Kada ya kama yaro a bakin ruwa ya ce wa uwar: in kin faɗi daidai abin da zan yi, zan mayar miki da shi, in kin kuskure na tafi da shi. Uwar ta ce: ba za ka mayar da shi ba. In ya riƙe, ta faɗi daidai, sai ya mayar. In ya mayar, ta kuskure, sai ya riƙe. In kada na gari ne, babu abin da ya sami duniya: ya yi alkawarin da ba zai iya cikawa ba, kuma masu irin wannan alkawari suna da yawa a kasuwa. Matsala tana tasowa ne in marubuci ya ce kadan aljani ne wanda maganarsa ba ta taɓa faɗuwa. To a nan Dabaibayi harshensa yake kamawa tun kafin ya gama sharaɗin.

Ƙulli na huɗu me yake hanawa, tunda babu karo a cikinsa?

A ce mawaƙi ya koyi waƙa a bakin wani tsoho, ya tsufa, ya koma baya ya koya wa kansa yana yaro. Tsohon shi ne. Babu magana biyu masu karo a nan, ƙulli na farko bai kama shi ba. Amma wa ya tsara waƙar? Babu. Malaman tauhidi suna kiran irin wannan "dauru", abu ya dogara da abin da ya dogara da shi, kuma sun ƙi shi tare da "tasalsuli", jerin dalilai marar farko. Mun bi su. Ina amsa cewa a cikin biyar ɗin wannan ne wanda zaɓi ya fi yawa a cikinsa, kuma ɗalibai biyu har yau ba su yarda da shi ba. Ni dai ba na son duniyar da waƙa ke samuwa ba tare da wani ya yi gumi a kanta ba.

An ce a kimiyyar ƙananan ƙwayoyin halitta kyanwa tana iya zama matacciya kuma rayayya. Ba saɓani ba ne?

Erwin Schrödinger ya kawo misalin kyanwar a 1935 don ya nuna abin da ke damunsa a fahimtar da ake yi wa wannan ilimi. Lissafin bai ce "ta mutu" da "ba ta mutu ba" duk gaskiya ne ba. Yana siffanta wani hali na dabam, gaurayen hali, wanda harshen yau da kullum ba shi da kalmarsa. Duk lokacin da aka auna, ɗaya daga cikin biyun kawai ake samu. Abin mamaki ne ƙwarai, amma mamaki ja'izi ne.

Aljanu, layar zana, tafiya a kan iska, duk an yarda?

Duk an yarda. Ka dai faɗi sharaɗinsu ka tsaya a kai. In layarka ba ta aiki a kan ruwa a farkon labari, kada ta yi aiki a kan gadar Ngeli, wadda ke tsakanin Kusiri da Njamena, a ƙarshensa ba tare da dalili ba.

Wa ya tabbatar cewa Dabaibayin kansa ba ya cin kansa?

Ba zai iya ba wa kansa wannan shaida ba, kuma ba laifinsa ba ne. Masanin lissafi David Hilbert ya so a tabbatar da cewa lissafi ba shi da saɓani ta hanyar lissafin kansa. A 1931 Gödel, yana saurayi a Biyana, ya nuna cewa duk tsarin ƙa'idodin da ya isa ya ɗauki lissafin ƙidaya, in dai ba shi da saɓani, to akwai maganganun da ba zai iya tabbatarwa ko korewa ba, kuma rashin saɓaninsa yana cikin abin da ba zai iya tabbatarwa da kansa ba. Wasu suna jin haka su ce ashe lissafi ya rushe. Bai rushe ba. Shaidarsa ce sai ta zo daga waje, abin da ƙulli na uku ya riga ya faɗa game da kowace magana. A wajenmu shaidar ita ce zaman Asabar: kowa ya karanta, sauran su nemi ɓaraka.

Akwai abin da ya gagare ku har yanzu?

Akwai, tsibin masakwa. Zuba buhu guda a ƙasa, kowa zai ce tsibi ne. Cire ƙwaya ɗaya, har yanzu tsibi ne, domin ƙwaya ɗaya ba ta mai da tsibi ba tsibi ba. Ci gaba da cirewa. A ƙarshe ƙwaya ɗaya za ta rage, kuma bisa ƙa'idar da muka yarda da ita a kowane mataki, ita ma tsibi ce. Ba tsibi ba ce. To a wace ƙwaya ya daina?

Wannan ma ga Yubulidis ake jingina shi, kuma babu ɗaya cikin ƙullanmu biyar da ya kama shi sosai. Wasu a zaman sun ce akwai takamaimiyar ƙwaya, mu ne ba za mu iya saninta ba. Wasu sun ce gaskiya tana da mataki-mataki, tsibi yana raguwa a zama tsibi kamar yadda Binuwai ke janyewa da rani har yashi ya fito, ba wanda zai nuna maka ranar da ya fara. Ni na fi karkata ga cewa matsalar a kalmar take: ƙwayoyin suna da adadinsu daidai a kowane lokaci, "tsibi" kuwa suna ne da muka yi don ciniki da hira, ba a yanka masa baki ba. Amma wani ɗalibi daga Kusiri ya rubuto yana tambaya: to kalmar "mutum" fa, da kalmar "rai", su ma ba a yanka musu baki ba? In jarumi yana rikiɗa ya zama kura gashi ɗaya bayan ɗaya, a wane gashi alkawarin aurensa ya warware? Mun sa tambayarsa a zaman Asabar mai zuwa, kuma na roƙi mai labarin kurar ya zo da takardunsa.